Masta Basit da Ƙofar Gwamna

Duk yaron da ya ci jarrabawar adabi a unguwar Nima cikin shekarun nan, in ka bincika, za ka tarar ya taɓa goge wandonsa a kan bencin Masta Basit. Tun da Masta ya yi ritaya daga koyarwa ya kafa rumfar kwano a tsakar gidan da mahaifinsu ya bari, dab da igiyar shanya. Kowace Asabar 'yan sakandare sukan cika ta, wasu daga Maamobi, wasu har daga Alajo. Abu ɗaya yake koyarwa, wani tsohon wasan kwaikwayo na ƙasashen ƙetare mai ƙarshen baƙin ciki, wanda masu tsara jarrabawa kan cire shi, su gaji, su mayar. Sunansa na da tsawo, don haka yara suka datse shi, suke ce masa Gwamna.

Labarin ba shi da wuya. Wani gwamna ne a wani birni mai ganuwa a bakin teku. Ƙanensa ya ci masa fuska a gaban jama'a, shi kuma ya kore shi daga birnin. Bayan shekaru ƙanen ya dawo da faɗuwar rana, ya tsaya a ƙofar gari, ya aika a ce ya zo neman gafara. Gwamna bai ce a buɗe ba, bai ce a kore shi ba, ya yi shiru. Kafin gari ya waye teku ta cika ta shafe hanyar da ke gindin ganuwa, ta tafi da mutumin. Sauran wasan kuka ne da dogayen jawabai, har Gwamna ya bi ɗan'uwansa cikin ruwan.

Me ya hana shi buɗewa? Manazarta sun rufe wannan magana tun kafin a haifi kakan Masta. Girman kai, in ji su. Kowane gwarzo a irin wannan wasa yana da aibi guda da ke kayar da shi, aibin Gwamna kuwa zuciya ce da ta ƙi yafewa. Masta yana da littattafan sharhi cike da akwatin ƙarfe, dukansu haka suka ce. Cewa kowanne ya kwaso maganar ne daga na gabansa ya sake mata bango, wannan bai taɓa damun Masta ba. Yawansu shi ne hujjarsa.

Wata Asabar, ana gab da tashin maniyyata, yana tsaye gaban yara da littafin a hannu, tabarau a kan hanci.

"Kashi na huɗu, fitowa ta biyu," ya ce. "Wannan ku tsallake ta."

Wata ɗaliba daga Kotobabi, Hamdia, ta ɗaga hannu. "Masta, ni na karanta fa. Gwamna shi kaɗai a ɗaki, yana fara magana yana tsayawa, yana sake farawa. Sai ya kira bara ya ce a kakkaɓe masa jar alkyabba, a gaya wa masu ƙararrawa su shirya da safe. Mene ne wannan?"

"Alamar taɓin hankali ce ta fara kama shi. Wasu masana ma sun ce ba marubucin ne ya rubuta fitowar ba, wani ne ya cusa ta daga baya. Alkyabba kuwa, ai kin gani da idonki. Ɗan'uwansa na waje cikin sanyi, shi tufafi ne a ransa. Girman kai. Rubuta."

"To amma Masta, me ya sa bai buɗe ƙofar kawai ba?"

"Da ya buɗe, da me za ki rubuta a jarrabawa?"

Yara suka yi dariya, don sun san nan ne wurin dariya.

"Da ya buɗe, da an ci tuwo an kwanta," in ji wata murya daga bakin ɗaki. Hajiya Nafi ce, yayar Masta, wadda ta yi aikin jinya a asibiti har ƙafafunta suka gaji, ta dawo gidan ubanta ta zauna. Ita ma ta karanta wasan tun tana ɗaliba, bai burge ta ba. A cewarta ta tsaya a kan masu mutuwa ba adadi, ba ta taɓa ganin wanda ya samu numfashin yin dogon jawabi ba.

"Yaya Nafi, aji nake."

"Ni ma gidanmu nake. In ka gama binne Gwamna, ka sani Abukari ya fara yawon neman gafara. Jiya ya gama Maamobi."

Masta ya juya shafi kamar da wani ake. Yara suka duƙufa kan rubutu da himmar da ba su saba ba, domin babu wanda bai san zancen ba.

Abukari ƙanen Masta ne, uwa ɗaya uba ɗaya. Bai yi boko mai nisa ba, a cikin albasa ya yi rayuwarsa a kasuwar Agbogbloshie, har ƙamshinta ya zama nasa. Ranar addu'ar arba'in ta mahaifinsu, an kafa rumfuna an toshe lungu, malamai sun yi nasu, aka ce babban ɗa namiji ya ce wani abu. Masta ya miƙe, baƙin ciki ya kama shi da gaske, kuma abin da ya zo bakinsa shi ne makokin da Gwamna ya yi a kashi na ƙarshe. Ya rera shi da Turanci tun daga farko har ƙarshe, hawaye na zuba. Tsofaffi suka yi ta cewa amin a inda suka ga ya ja numfashi. Da ya zauna aka yi tsit, sai Abukari ya ce, ba da ƙarfi ba amma kowa ya ji, "Ku yi masa haƙuri, jama'a. Yaya da Turanci yake kuka."

Dariyar da aka danne a wurin ta fita daga baya a kowane gida. Maganar ta bi Masta har makaranta. Daga ranar, tsakaninsa da Abukari sai sallama in an haɗu a jana'iza, ita ma a taƙaice. Jariran da aka goya zuwa wannan addu'a yanzu su ke goyo.

Abin da Masta bai gaya wa kowa ba shi ne, fushin ya daɗe da mutuwa. Bai ma san ranar da ya mutu ba, wata rana dai ya neme shi ya rasa. Amma mutumin da ya shekara da shekaru yana koyar da cewa sulhu babbar fitowa ce, wadda dole ta zo a wurinta da kalmominta, ba zai tare ƙanensa a bakin kwata ya ce ya wuce ba. Sai ya shirya jawabi. Da Hausa ya tsara shi, tsantsarta irin ta mahaifinsu, ba irin ta 'yan lungu mai gauraye da yaren Twi ba, don kada wani ya sake samun abin faɗa. Bayan azahar, lokacin da yake ganin gida ya yi barci, yakan rufe ɗaki ya tsaya gaban madubi.

"Ya kai ɗan cikin uwata. Tsakanina da kai akwai kogi. Ni na haƙa shi, kai ka zuba masa ruwa."

A nan zai yi shiru, ya cire tabarau a hankali, ya dubi Abukari da ido tsirara.

"Yau na kafa gada."

Daga nan jawabin ya miƙe, ya ratsa ƙuruciyarsu, ya taɓo mahaifiyarsu, ya dawo. Kullum yana gyara shi. Bangon da ke tsakaninsa da 'yan haya katako ne, wanda yakan ji tarinsu da rediyonsu ta cikinsa, amma bai taɓa tunanin katako na aiki ta fuska biyu ba. Ya taɓa jin yaran gidan a bakin famfo, ɗaya na ce wa ɗaya, "kai ka zuba masa ruwa," suna ƙyalƙyala dariya. Ya ɗauka zancen bokiti suke.

To yanzu 'ya'yan Abukari sun biya masa Makka. Kowa ya san al'ada, maniyyaci ba ya tafiya da nauyin kowa a wuyansa. Gida gida zai bi, dangi da maƙwabta da abokan ciniki, har wanda suka yi musu kan mudu, ya ce a yafe masa. Ke nan Abukari zai zo da ƙafarsa, ya tsaya a ƙofar. Masta ya ga duk abin da ya karanta ya taru wuri ɗaya, sai dai shi ba zai yi kuskuren Gwamna ba. Shi zai buɗe.

Ya ciro farar babbar rigarsa ta shadda mai aikin wuya. Kowace safiya yakan saka ta, ya zauna a rumfa da littafi a cinya, fuskarsa na kallon zaure. Labari na zuwa masa ta bakin Hajiya Nafi ba tare da ya tambaya ba. Abukari ya yi Kotobabi. Ya yi Alajo. Ya je kasuwa ya nemi gafarar direbobin da suke kawo masa kaya daga arewa, har da wani da ya taɓa mari. Ya shiga lungun su Masta ma, ya gaida mai koko ta bakin hanya, ya juya.

"Har mai koko," in ji Masta.

"Ita ba ta da wuyar fuska," in ji Hajiya Nafi.

Rigar ta sha zama har wuyanta ya yi baƙi. Safiyar ranar da za a kai maniyyata sansani, Masta ya yanke cewa Abukari ba zai zo ba, kuma a ransa ya ɗan ji daɗin hakan, don wasan ya koma irin wanda ya sani. Ya ba da rigar aka wanke aka shanya. Ya ɗauki bokiti da soso da sabulun salo, ya ajiye tabarau a kan taga, ya shiga ɗakin wankan gidan, wanda ƙyaurensa kwano ne, sakatarsa kuwa lanƙwasasshiyar ƙusa.

Ya cika kansa da kumfa ke nan ya ji sallama a tsakar gida. Muryar ta dushe, tana hutawa a tsakiyar kalma, amma ko a kasuwa zai gane ta. Ya ji matan haya suna amsawa, ana "Allah ya sa a yi karɓaɓɓiya," ana "mun yafe, Baba, mu ma ka yafe mana." Ya ji Hajiya Nafi ta ce, "Yana wanka. Zauna." Daga bakin lungu mota ta yi ƙaho, ta sake yi. Sai takun ƙafa mai jan ƙasa ya nufo ɗakin wankan, ya tsaya. Ta ƙarƙashin ƙyauren Masta ya hango silifa da kumburarrun ƙafafu.

"Yaya. Ni ne, Abukari."

Masta ya tsaya cik, soso a hannu.

"Na san nan ba wurin magana ba ne. Mota na jira, yaran nan ba su da haƙuri. Na bar ka ƙarshe don ban san ta inda zan fara ba." Ya ja numfashi. "Abin da na faɗa ranar addu'ar Baba, bakina ne ya riga hankalina. Ka yafe mini. In ban dawo ba, kada ka riƙe ni."

Hannun Masta ya kai kan ƙusar. Wannan gaskiya ne, ya kai. Amma a daidai nan ya hango kansa yadda tsakar gida za ta gan shi: tsoho da ɗaurin tawul mai huji, kumfa a kunne, furfurar ƙirji a jiƙe, yana cewa "ya kai ɗan cikin uwata" a gaban matan haya da tukwanensu. Ga riga can tana ɗiga a igiya. Ga tabarau a taga, to me zai cire in ya zo wurin gada? Ya ce a ransa, bari in ɗauraye, in shirya, ai zai jira. Sai kuma wata mas'ala ta zo masa da gudu kamar an aiko ta, cewa ba a amsa magana a makewayi. Ya riƙe ta hannu biyu. Ya ƙame, har numfashi ya rage, ruwan sabulu na shiga masa ido bai share ba.

Silifan suka daɗe a wurin. Mota ta sake ƙaho.

"To," in ji Abukari. "Allah ya sa mu gana."

Masta ya sheƙa ruwa a gurguje, ya ɗaura tawul, ya leƙo. Ba kowa a tsakar gida sai Hajiya Nafi, tsaye da hannu a ƙugu. Matan haya duk sun tuna suna da aiki a ɗaka.

"Ina yake?"

"Ya tafi. Da me zai tsaya yi, sauraron bokiti?"

"Yaya Nafi, kin san ba a magana a makewayi."

"Kai? Shekaranjiya daga cikin nan ka gyara wa ɗan Suweiba mai haya Turanci, har da maimaitawa." Ta matso, ta rage murya, abin da ba ta cika yi ba. "Basit, makon jiya na sa kunne a ƙirjin yaron nan. Wannan zuciyar, in ta kai shi Arfa ta dawo da shi, to ba da ilimina ba. Ka bar shi ya tafi yana ganin ka ƙi."

"Ni da na yafe masa tun tuni!"

"Wa ka gaya wa?"

Ta miƙo masa wayarta.

"Ga waya, kira shi."

"Irin wannan magana ba a yin ta a waya."

"A makewayi ba a yi, a waya ba a yi. To sai ka faɗa mini inda ake yi, in kai ka."

"Sansani za ni," ya ce. "A ciro mini rigar."

Rigar da sauran danshi, wuta kuma an ɗauke tun da safe. Aka aro dutsen guga na gawayi wurin Lauwali, tela mai haya a ɗakin ƙarshe, aka tsaya hura shi. Masta ya shimfiɗa rigar a kan tebur a ɗakinsa, yana guga yana bitar jawabi, domin yanzu dole a sake masa baki, tunda shi ne mai zuwa. "Ya kai ɗan cikin uwata, ga ni na zo." A'a. Ya tsaya. "Ya kai wanda na bari a ƙofa." Wannan ya yi nauyi. Ya tsaya, ya sake farawa. Ya ɗaga murya ya ce a duba masa ko jar hularsa na cikin akwati.

Sai hannunsa ya tsaya a kan dutsen.

Mutum shi kaɗai a ɗaki, yana fara magana yana tsayawa, yana sake farawa. Yana kiran a kawo masa tufafi. Kashi na huɗu, fitowa ta biyu, wadda ya sa yara ba adadi suka tsallake. Ashe ba hauka ba ne, ba kuma wani ne ya cusa ta ba. Bita Gwamna yake yi. Ya riga ya yafe tun kafin ƙanen ya iso ƙofa. Alkyabbar ta tarba ce, ƙararrawar ta murna ce. So yake gari ya waye, jama'a su taru, haske ya faɗo masa a fuska, sannan ya buɗe ƙofa ya faɗi abin da ya tsara. Ba taurin zuciya ne ya kashe mutumin ba, jiran lokacin da abin zai yi kyau ne. Duk masanan da ke cikin akwatin ƙarfe sun karanta fitowar nan ba su gan ta ba, wataƙila don babu wanda ƙanensa ya taɓa samu yana wanka.

Ƙaurin ƙuna ne ya dawo da shi. Ya ɗaga dutsen, ga hotonsa nan baƙi ƙirin a gaban rigar, daidai ƙirji.

Kada dai a ce ilimi na canja mutum nan take. Rigar ya saka, da ƙunarta da danshinta, kuma sai da ya tsaya ya gwada hula biyu. Hajiya Nafi ce ta ja shi waje, ta yafa mayafi ta ce ba za ta bar shi ya je shi kaɗai ba, kada ya tsaya a hanya gyaran baiti.

A cikin trotro, motar haya, an matse shi tsakanin yayarsa da wata mai kwandon kifi, motar na tafiya kamar ba ta so, Masta ya kama kansa yana tsara maƙala a kan sabuwar fahimtarsa, har ya sa mata suna. Ya ji kunya, ya bari. Can kuma ya ci gaba.

Sansanin maniyyata na kusa da filin jirgi, an kewaye shi da shingen waya. A waje duniya ce ta taru. Masu rakiya, masu sayar da ruwa, masu ba da saƙon addu'a, kowa na ɗaga murya ta kan kowa. "Ku yafe mana!" "Mun yafe!" "A tuna da mu a gaban Ɗakin Allah!" Maganar da Masta ya shekara yana sassaƙawa, ga ta nan ana rabawa kamar ruwan leda. Ya kutsa har bakin ƙofa, mai gadi ya tare shi da hannu.

"Maniyyata kawai, Baba."

"Ƙanena na ciki. Magana ce mai muhimmanci."

"Kowa a ciki ƙanen wani ne. Matsa gefe."

Masta ya tsaya a wajen ƙofa, rana na dukan ƙunar rigarsa. Ya san wannan fitowar, sai dai bai taɓa karanta ta daga wannan gefen ba.

Hajiya Nafi ta riga ta ciro waya. "Abukari? Fito bakin waya, gefen mai sayar da lemo. Na kawo maka shi. Ee, ya sa riga." Ta kashe. "Da Gwamnan naka na da irin wannan, da an huta."

Can sai ga shi yana tafe a hankali, cikin yadin da aka ɗinka wa maniyyatan bana, jaka rataye a wuya. Ya rame fiye da yadda Masta ya zata, ƙafafun ne kawai suka ƙaru. Ya iso ya kama shingen ya huta.

Masta ya gyara tsayuwa, ya gyara murya. "Ya kai ɗan cikin uwata..."

Lasifika ta ɓarke da kiran sunaye, ta haɗiye shi. Ya jira ta yi shiru, ya sake ɗauka.

"Ya kai ɗan cikin uwata. Tsakanina da kai akwai kogi."

"Ni na haƙa shi," in ji Abukari, "kai ka zuba masa ruwa. Nan ne kake cire tabarau, ko?"

Hannun Masta, wanda ya riga ya kama hanyar tabarau, ya tsaya a iska. "A ina ka ji?"

"Haba Yaya. Nima duka ta haddace. Matar Lauwali ce ta fara kawo mini shi har kasuwa, tun ana kiran kogin rafi. Mai koko ma ta iya, ita har da muryar."

Masta ya juya ya dubi Hajiya Nafi. Ita kuwa ta sami abin kallo a wajen mai lemo.

"To da ka san na yafe, me ya hana ka zuwa duk shekarun nan?"

"Jira nake ka gama gyara shi. Duk sanda na yi niyya sai a ce ka canja wani wuri. Na ce kada in zo in same ka ba ka shirya ba, ka sake jin kunya a dalilina." Ya yi tari, ya jingina goshi da shingen. "Amma yau da ka yi shiru, sai na ce ko madubi kake yafe wa, ba ni ba. Abin da aka kawo mini a kasuwa ba zan tafi da shi gaban Allah ba, Yaya. A bakinka nake so in ji. Gajere dai, don Allah. Numfashina ba ya kai dogo, ga shi sun fara kiran rukuninmu."

Masta ya buɗe baki. Ya nemi gada, ya nemi ƙuruciya da mahaifiya da duk abin da ya jera, bai sami ko ɗaya ba. Abin da ya fito wani sauti ne marar tsari, irin wanda bai yi ba tun yana yaro. Tabarau ya jiƙe, bai cire ba, bai ma tuna da shi ba.

"Na yafe," ya ce. "Na yafe, Abukari. Ni ma ka yafe mini. Ina jin ka, ina tsaye, hannuna na kan ƙusar."

"Na yafe, Yaya." Abukari ya zuro yatsunsa ta ramin waya, Masta ya kama su. Har yanzu da ɗan ƙamshin albasa. Suka tsaya haka, jama'a na ture su ta kowane gefe, babu wanda ya ko waiwaya, don kowa da nasa kukan.

"Ka gani," in ji Abukari, yana share ido da gefen jakarsa. "Ashe da Hausa ma ka iya."

"Bakinka dai bai tuba ba."

"Shi zan kai a wanke. Wa ya ƙona maka riga?"

Aka kira sunansa a lasifika. Ya saki yatsun, ya juya, ya shiga cikin masu irin yadinsa har Masta ya kasa bambance shi.

Asabar ta zagayo, yara suka cika rumfa. Masta ya tsaya da littafin, cikin tsohuwar jallabiya.

"Kashi na huɗu, fitowa ta biyu," ya ce. "Ku buɗe."

Suka dubi juna. Ya karanta musu ita a hankali, yana tsayawa inda Gwamna ya tsaya, yana sake farawa inda ya sake. Ya nuna musu alkyabbar, ya nuna musu ƙararrawar, ya ce mutumin nan ya yafe tun tuni, kyan fitowa yake jira. Bai faɗi inda ya samo wannan ba, su ma ba su tambaya ba, domin labarin ɗakin wanka ya riga ya kai Alajo.

Hamdia ta ɗaga hannu. "To Masta, in an tambaye mu aibin Gwamna a jarrabawa, wanne za mu rubuta?"

Masta ya waiwaya. Ta ƙofar ɗakinsa ana hango akwatin ƙarfe. Ya tuna mai duba takardu, wani gajiyayyen malami a wani gari, da jerin amsoshi a gabansa da jan biro.

"Girman kai," ya ce. "Ku rubuta girman kai. Shi ake ba maki."

"Ei, Masta!"

"Wancan kuma ku riƙe shi, ba na jarrabawa ba ne."

Daga bakin ɗaki Hajiya Nafi ta ɗago waya. "Basit, Abukari ne daga Madina. Ya ce albasarsu ba ta da yaji ko kaɗan. Zo ka karɓa."

"Yaya Nafi, aji nake. Ki ce in na gama..."

Bai ƙarasa ba. Ya kife littafin a kan benci, ya tsallake ƙafafun yara, silifa ɗaya ta zame masa a hanya bai tsaya ɗauka ba.